Tawadar da Injin Ya Ƙi

Ranar da Falalu Sanda ya fara taka Birmingham, Sa'id ne ya ɗauko shi daga tashar jirgin ƙasa a cikin wata tsohuwar mota mai warin garin tawada. A lokacin babu abin da ya haɗa su sai unguwa ɗaya a Kano da wani kawu da ya ba da lambar waya. Falalu ya zo karatun injiniyan lantarki ne a jami'ar da ke Aston, bai san kowa ba, rigar sanyin da ya zo da ita kuma ba ta tsare komai. Sa'id ya ba shi ɗaki a saman shagonsa da ke kan Stratford Road a Sparkhill, ya ce ya zauna kafin ya samu wuri. Bai tashi daga ɗakin nan ba sai da ya gama digirin dokta.

Sa'id akanta ne tun asali. Zaman ofis ya ishe shi, ya buɗe shagon buga takardu da gyaran injinan fotokwafi. Mafi yawan abincinsa yana fitowa ne daga cika katirij, wato akwatin robar nan da ke riƙe garin tawada a cikin firinta. Idan garin ya ƙare, kamfani so yake ka jefar ka sayi sabo. Sa'id kuwa sai ya buɗe shi, ya share, ya zuba sabon gari, ya mayar maka da abinka a kan araha. Masallatai, ƙananan makarantu, masu gidajen abinci, ofisoshin lauyoyin da ke bin layin nan, duk wurinsa suke zuwa. Mutum ne mai ƙaton jiki da ƙatuwar dariya, yatsunsa kullum baƙi ƙirin, sabulu ya gaji ya bar su.

Idan Falalu ya dawo daga jami'a yakan zauna a shagon suna hira. Wata rana suna zaune takarda ta fito daga wani inji gefenta a ƙone, tana hayaƙi. Sa'id ya zare wayar wuta daga bango ba tare da ya daina maganar da yake yi ba.

"Yaya Sa'id, wannan fa wuta ce," in ji Falalu.

"Haka suke yi. Akwai wani ƙarfe mai zafi a ciki, shi ke gasa tawadar a jikin takarda. Kowace tawada da irin zafin da take so. Injin bai san wadda na zuba masa ba, sai ya yi ta hura wuta kamar amaryar da ba ta iya girki ba."

"To me zai hana injin ya gane da kansa?"

"Kai ne mai karatun. Ka koya masa mana."

Da wasa aka faɗa, amma maganar ta zauna a zuciyar Falalu. A shagon nan kuma ya haɗu da Saudatu, ƙanwar Sa'id, wadda ta zo karatun haɗa magunguna. Sa'id ne ya tsaya tsayin daka har aka ɗaura auren, ya kira iyayensu a Kano ya ce shi ya zauna da yaron nan, ya san halinsa ciki da bai. Bayan aure Falalu ya samu aiki a Manchester, a wani kamfani mai suna Brindlow da ke ƙera firinta da injinan fotokwafi. Suka tare can, aka haifi 'yarsu Shifa.

Shekaru ya yi yana fama da abin da Sa'id ya jefa masa a kai. A ƙarshe ya ƙera wata 'yar na'ura da ba ta kai ƙwayar dabino ba. Tana ɗanɗana garin tawada kafin ya isa ga ƙarfen, ta gane irinsa, ta daidaita zafin da ya dace da shi. Idan kuma zafin ya wuce kima, ita ce za ta yanke wuta. Kafin ita, akwai wani tsohon fis da ke wannan aikin na yanke wuta, amma na'urar Falalu ta fi shi sauri, don haka kamfani ya cire fis ɗin gaba ɗaya, ya huta da sayensa.

Aka yi wa ƙirƙirar rajista, aka fitar da fatent, takardar da ke hana kowa kwaikwayon abin sai da izini. Mallakar ta kamfani ce, haka yarjejeniyar aikinsa ta ce, amma sunan da aka rubuta a matsayin wanda ya ƙirƙira nasa ne. Sa'id ya rufe shago ya kwaso matarsa Fauziyya da 'ya'yansu zuwa Manchester don taya shi murna, da tukunyar farfesun kan rago a bayan mota. Ya riƙe takardar da yatsunsa baƙaƙe, Saudatu tana cewa ya yi a hankali kada ya ɓata ta.

"Ku ƙyale ni in taɓa," ya ce. "A shagona aka ɗauki cikin wannan abin. Yanzu duk tawadar da talaka ya zuba, injin zai karɓa lafiya. Dokta, ka yi mana aiki."

Abin da Falalu ya ɗauka ke nan shi ma.

Sababbin injinan suka shiga kasuwa, suka karɓu. Da yawa daga abokan cinikin Sa'id sun saya, shi ma ya sayi babba guda ya kafa a tsakiyar shago, yana nuna wa duk wanda ya shigo cewa aikin mijin ƙanwarsa ne a ciki. Sai bayan an sayar da su ko'ina aka kira Falalu taro. Shugabar sashensu, Rebecca, mace ce mai sanyin murya wadda ba ta taɓa ɗaga masa harshe ba. Ta yi masa bayani da Turanci, a natse. Tunda na'urarsa tana gane kowace tawada, in ji ta, to tana iya gane wadda ba ta kamfani ba. Za a aika wa injinan sabon umarni ta intanet. Duk katirij ɗin da aka sake cikawa a waje, injin zai ƙi shi.

"Amma ba don haka na yi ta ba," in ji Falalu. "Na yi ta ne don kowace tawada ta yi aiki ba tare da haɗari ba."

"Na sani. Kuma aikinka ya yi kyau. Sai dai mu ba a injin muke ci ba, a tawada muke ci."

"To ku saurare ni. Na'urar nan ita ce ke yanke wuta idan zafi ya yi yawa. Idan kuka mayar da ita ƙofar da ke hana mutane shiga, za su nemi hanyar makantar da ita. Ranar da suka makantar da ita, babu abin da zai yanke wutar. Ku raba aikin biyu, ko ku mayar da tsohon fis ɗin."

Rebecca ta rubuta abin da ya faɗa, ta ce za ta kai sama. Ta kai ɗin kuwa, amsar ta dawo cewa wanda ya lalata na'urar kamfani shi ya ɗauki alhakin kansa. Aka ba Falalu aikin rubuta sabon umarnin, domin babu wanda ya san cikin na'urar kamarsa. Ya yi tunanin ya ƙi. Amma izinin zamansa a ƙasar a hannun kamfanin yake, kuma saura kaɗan ya cika shekarun da za a ba shi zama na dindindin, shi da Saudatu da Shifa. Ya ce wa kansa idan bai rubuta ba wani zai rubuta, kuma wanin ba zai yi da kyau kamarsa ba. Ya zauna ya rubuta. Bai faɗa wa Saudatu ba.

Wata safiya injinan suka wayi gari suna ƙin tawadar Sa'id. Waya ta dinga shigo masa daga masallatai da makarantu: katirij ɗin da ya cika musu jiya, yau injin ya ce bai san shi ba. Mutane suka fara dawo masa da kayansa a jakunkunan leda. Ranar Asabar ya hau mota ya zo Manchester shi kaɗai. Saudatu ta kawo abinci, bai taɓa ba. Ya ciro katirij ɗaya daga leda ya ajiye a kan tebur.

"Falalu, kamfaninku ya yi mana abu. Na san ba ka da hannu a ciki, shi ya sa na zo wurinka. Ka duba min yadda za a buɗe."

Falalu ya kalli katirij ɗin, ya kalli tafin hannunsa. Da ya yi shiru da ya tsira a ranar, amma bai iya yi wa wannan mutumin ƙarya ba.

"Yaya, ni na rubuta."

Saudatu, da ke tsaye da jug ɗin ruwa, ta ajiye shi a hankali.

"Kai ka rubuta me?" in ji Sa'id.

"Update ɗin. Umarnin da ya kulle su. Na yi musu gardama, wallahi na yi, ba su ji ba."

Sa'id ya dube shi. Da ya buɗe baki, muryarsa ba ta tashi ba. "To, ya wuce. Wanda ya ɗaure shi ya san bakin zaren. Ka kwance min. Ba duniya na ce ka kwance wa ba, ni kaɗai da mutanena."

"Ba zan iya ba. Kowane inji yana aika musu rahoto. Idan aka ga an buɗe ta ciki, ni za su fara nema, don ni da wasu mutum biyu ne kawai muka san hanyar. Contract ɗina ya hana. Za su kore ni, su kai ni kotu, visa ɗinmu ta tafi. Ka ba ni lokaci in samu settlement, zaman dindindin, daga nan..."

"Daga nan shagon yana nan yana jiranka?"

Sa'id ya tashi, ya mayar da katirij ɗinsa cikin leda. A bakin ƙofa Shifa ta rugo ta rungume ƙafarsa tana cewa, "Uncle, you're not staying?" Ya shafa kanta, ya ce wata rana. Bai waiwayi uban ba.

Bayan fitarsa Saudatu ta zauna a kujerar da ya tashi.

"Abban Shifa, tun yaushe ka sani?"

"Da ɗan jimawa."

"Kana kwana kana tashi da mu, ka san za a rufe wa Yaya bakin abinci, ko ka ce masa ya shirya?"

"Don ku na yi, Saudatu. Ke da yarinyar nan."

"Kada ka ɗora min," ta ce. "Ba ka tambaye ni ba."

Watanni suka shuɗe. Ciniki ya ja baya a Sparkhill, Sa'id ya sallami ma'aikatansa, ya bar mace ɗaya, Celestina, wata 'yar Ghana mai yawan shekaru da ke ɗinke littattafai a ɗakin sama. Gaisuwa tsakaninsa da Falalu ta koma ta bakin mata. Sai kuma Saudatu ta ji daga Fauziyya cewa abubuwa sun fara gyaruwa: an samu wani ɗan guntun lantarki da ake sayarwa a intanet, chip suke ce masa, idan ka manna shi a jikin katirij injin sai ya karɓa kamar na kamfani.

Falalu ya sa aka sayo masa ɗaya ya kai ɗakin gwaji. Abin da ya ji tsoro shi ya tarar. Wanda ya ƙera chip ɗin bai wahalar da kansa ba. Abin da ya yi kawai shi ne ya toshe bakin na'urar, ya riƙa aika wa injin saƙo ɗaya ba ya canzawa, cewa komai lafiya. Tawada lafiya, zafi lafiya. Falalu ya sa injin gwaji ya yi ta bugu ba tsayawa, yana kallon ma'aunin zafi yana hawa, injin kuma yana cewa lafiya, har roba ta fara wari ya kashe da hannunsa.

Ya kai wa Rebecca sakamakon. Fuskarta ta canza, ya ga hakan. Kamfani ya fitar da sanarwa cewa kayan jabu suna da haɗari, a guje su. Irin maganar da suka saba yi ce tun kafin a haifi na'urar, kuma babu mai cika katirij a duk ƙasar da ya taɓa ɗaukarta da muhimmanci.

Ya ɗauki hutu ya tafi Birmingham. Azumi ya gabato, shagon ya cika da aiki, domin masallatai da yawa wurin Sa'id suke buga jadawalin sahur da buɗe-baki. Babban injin nan yana ta aman takardu. Sa'id ya amsa sallamarsa bai daina jera takardu ba.

"Yaya, chip ɗin nan da kake amfani da shi, na gwada shi. Yana kashe abin da ke yanke wuta. Injin zai iya kamawa."

"Na karanta sanarwarku."

"Ba sanarwa ce ta kawo ni ba. Da idona na gani."

"Tun ina yaro a sana'ar nan kamfanoni ke cewa tawadata za ta ƙone gari. Ga ni nan." Sai a lokacin ya ɗago ya dube shi. "Amma na ji, na yarda da kai. To ga injin, ga ka. Ka buɗe min shi yadda ya kamata, in cire chip ɗin yanzu a gabanka in jefa a shara."

Aikin bai fi na yini ɗaya ba, kuma kwamfutar da zai yi shi da ita tana cikin jakar da ke rataye a kafaɗarsa. Falalu ya tsaya yana jin nauyinta. Ya tuna saura 'yan watanni takardunsu su fito. Ya tuna injin zai kai rahoto Manchester kafin shi ya isa.

"Ka yi amfani da katirij ɗin kamfani zuwa bayan salla," ya ce. "Ni zan saya maka."

"Ni kaɗai? Mutanen da na cika wa nasu fa? Su ma kai za ka saya musu?" Sa'id ya girgiza kai. "Ba sadaka na roƙe ka ba, Dokta."

"To don Allah kada ka bar shi yana dogon aiki. Ka riƙa ba shi hutu. Kuma kada ka fita ka bar shi a kunne."

"Na ji. Ka gaida Saudatu."

Falalu ya fito ya tsaya a bakin titi, motocin bas suna wucewa, ƙamshin gasasshen nama yana tasowa daga shagon da ke maƙwabtaka. Sau ɗaya ya juya kamar zai koma ciki. Sai ya ce wa kansa ai ya faɗa, ya sauke nauyi, ya nufi inda ya ajiye mota.

Ana jibi azumi, da azahar, Sa'id ya sa wa injin aikin wani babban masallaci, ya leƙa masallacin da ke kusa don ya bi jam'i. Ya ɗauka ba zai daɗe ba. Celestina tana sama, ƙofa a rufe, rediyo a kunne. Shago ne cike da takarda da roba da buhunan garin tawada. Kafin a sallame, hayaƙi ya rufe gaban shagon.

Waɗanda suka gani sun ce mutane sun rirriƙe Sa'id, ya fizge. Ya san tana sama, kuma ya san matakalar ta cikin shagon take bi. Ya shiga. Ya fito da ita a kafaɗarsa, ya ajiye ta a bakin titi, ya zauna kusa da ita kamar mai hutawa, daga nan ya kife. 'Yan kwana-kwana suka iso suka hana wutar cin maƙwabta.

Falalu yana ɗakin gwaji Saudatu ta kira shi. Bai gane muryarta ba da farko. Suka kama hanyar Birmingham, tana kujerar gefe tana jan carbi har suka isa.

Celestina ta farfaɗo a ranar. Sa'id kuwa hayaƙin roba ya ƙone masa huhu, hannayensa biyu a naɗe. An sa masa injin numfashi, ba ya magana. Likitan da ke kula da shi, wani Bahaushe da suka sani a taron 'yan gida, ya ja Falalu gefe ya ce masa su yi ta addu'a. Falalu ya gane abin da ake nufi.

Sau ɗaya aka bar shi ya shiga shi kaɗai. Idon Sa'id a buɗe yake. Falalu ya tsaya a gefen gadon, duk maganar da ya shirya a hanya ta gudu.

"Yaya, ni ne. Ka yafe min."

Idon ya tsaya a kansa. Ko ya ji, ko bai ji ba, ko ya yafe, ko bai yafe ba, babu abin da ya nuna. Wata ma'aikaciyar jinya ta shigo ta ce lokaci ya yi. A goman farko na azumi Sa'id ya cika.

Jama'ar da ta taru a jana'izarsa ta ba Falalu mamaki: Hausawa, Pakistanawa, Somaliyawa, har da Turawan da ke tsaye daga nesa da hulunansu a hannu. Kowa da labarin alherin da mamacin ya yi masa. Mutane suna ta riƙe hannun Falalu suna yi masa gaisuwa a matsayin surukin da marigayi yake alfahari da shi, domin a wajen gidan babu wanda ya san abin da ya shiga tsakaninsu. Ya karɓi gaisuwar, yana amsawa da amin.

Fauziyya ta sani. Da ya durƙusa a gabanta a falon gidansu, mata sun kewaye ta, ya ce, "Anti Fauziyya, ya haƙuri?" sai ta ce, "Da godiya," ta kawar da kai. Saudatu ta ce za ta zauna da ita har ta gama takaba. Ta riƙe Shifa a wurinta. Falalu ya koma Manchester shi kaɗai, ya ƙarasa azumin yana buɗe-baki da ruwa da burodi a tsaye a kicin.

Bayan salla takardun zamansu na dindindin suka fito. Ya kira Saudatu ya faɗa mata. Ta ce, "Alhamdu lillahi," daga nan ɗayansu ya kashe wayar.

Da aka zo binciken musabbabin mutuwar a gaban mai bincike na gwamnati, kamfani ya tura Falalu ya yi bayanin na'urar, tunda shi ya ƙirƙire ta. Lauyan kamfani ya zauna da shi tun kafin ranar, ya ce abin da ake so kawai shi ne gaskiya: chip ɗin jabu ne ya makantar da na'urar. Rebecca ta raka shi har ƙofar ɗakin, ta ce ta yi baƙin ciki da rashin da ya yi, kuma ya ga alamar da gaske take.

Ya faɗi abin da aka ce ya faɗa, domin gaskiya ne. Mai binciken, wata dattijuwa mai tabarau, ta tambaye shi ko akwai wanda ya hango haka zai iya faruwa. Fauziyya tana zaune a layin gaba, Saudatu a gefenta, Celestina a bayansu da sandar da take dogarawa tun bayan gobarar.

"Ni na hango," in ji Falalu. "Na faɗa wa kamfani tun kafin a kulle injinan, suka ƙi mayar da fis ɗin. Duk da haka ni na rubuta umarnin da hannuna. Marigayin ya roƙe ni in buɗe masa injinsa yadda ba zai yi haɗari ba, har sau biyu. Ina iyawa. Ban yi ba."

Lauyan kamfani ya sunkuyar da kai yana rubutu. Aka rufe zaman da cewa mutuwar ta haɗari ce, mai binciken kuma ta ce za ta rubuta wa kamfanin ya sake duba ƙirar injinansa. Babu wanda aka kama da laifi. Wanda ya ƙera chip ɗin ba a ma san a wace ƙasa yake ba.

A waje, a kan matakala, Fauziyya ta tsaya a gabansa. Rabon da ta dube shi ido da ido tun kafin rasuwar.

"Na ji abin da ka faɗa," ta ce. "Yanzu da takardunka suka fito, bakinka ya buɗe."

Bai ga inda ta yi kuskure ba. Ta gyara mayafinta ta sauka.

Kamfani bai kore shi nan take ba. An ɗauke shi daga ɗakin gwaji aka ba shi tebur a wani lungu, aka daina kiransa taro, bayan wani lokaci aka ce an rushe sashen nasa. Ya ji daga baya cewa sababbin injinan sun fito da fis ɗin a ciki, ba tare da wata sanarwa ba. Kullen tawadar kuwa yana nan yadda yake.

Saudatu ta gama zaman takaba da Fauziyya amma ba ta koma Manchester ba. Ta samu aiki a wani kantin magani, ta ce 'ya'yan yayanta suna buƙatarta kusa, idan yana son zama da iyalinsa ya taho. Ya taho. Suka kama flat a hawa na sama a wani dogon gini a Ladywood. Ya samu aikin duba wayoyin wuta a gine-ginen council, wato ƙaramar hukuma, aikin da bai kai rabin iliminsa ba, bai kuma nemi wani ba. Wani tsohon abokin karatunsa ya kira shi ya ce akwai kamfani a Cambridge da ke neman irinsa, mai fatent da sunansa. Falalu ya yi godiya ya ce ya bar wannan layin.

Suna zaune lafiya da Saudatu, irin lafiyar da ba a faɗa, ba a kuma dariya. Takan dafa, ya ci, su yi maganar makarantar Shifa da ganin likita da abin da za a aika gida. Sunan Sa'id ba ya fitowa a tsakaninsu sai a addu'a. Duk ranar Lahadi yakan kai su gidan Fauziyya, ya sauke su a ƙofa da kayan cefane. Yaran sukan fito su gaishe shi ta tagar mota, babban cikinsu da tafiyar ubansa sak. Ba a taɓa ce masa kada ya shiga ba, ba a kuma taɓa ce masa ya shigo ba. Yakan gyara fakin a ƙarshen layin ya zauna a motar, har Saudatu ta kira ta ce sun gama.